Makwarwar tudu ta Asiya: nau'i nawa ce, kuma yaya ake gane wadda ke cikin haɗari?

A watan Yunin 2025 aka fitar da AviList, kundi guda na tsuntsayen duniya mai ɗauke da nau'i 11,131. An yi shi ne don a raba gardamar da ta daɗe tsakanin manyan kundaye uku da masana ke aiki da su: na IOC, wato taron masana tsuntsaye na duniya, da na Clements da ke hannun Jami'ar Cornell a Amurka, da na ƙungiyar BirdLife International. Cikin tsuntsayen da wannan saɓani ya daɗe yana shafa akwai wasu 'yan ƙanana masu kama da makwarwa da ke zaune a dazuzzukan tuddan Asiya, waɗanda ake kira Arborophila a ilimin halittu. Wani littafi zai ce nau'insu 18 ne, wani 19, tsofaffin littattafai kuma su haura 20. Haka abin yake ta fuskar haɗari: wadda aka ce tana bakin ƙarewa shekaru talatin da suka wuce, yau an ce da sauƙi, wata kuma da ba a taɓa damuwa da ita ba ta shiga jerin masu rauni dare ɗaya. Sauyin alƙaluman nan yana da tushe daban-daban, kuma ba kowannensu ne ke nuna wani abu ya canza a cikin dajin ba.

## Wace tsuntsuwa ake nufi

Hausa ba ta da suna na asali ga wannan tsuntsuwa tunda ba a ƙasarmu take ba, don haka a nan za a kira ta makwarwar tudu. Mazauninta ya faro daga tsaunukan Himalaya a Indiya da Nepal da Bhutan, ya ratsa kudancin Sin da Myanmar da Tailan da Laos da Biyetnam da Kambodiya, ya sauka har tsibiran Sumatra da Java da Borneo. Tsibiran Taiwan da Hainan kowanne yana da tasa da babu ita a ko'ina.

Tsawonta bai cika wuce santimita 25 zuwa 30 ba, nauyinta kuma tsakanin giram 200 da 400. Jikinta a dunƙule yake, wutsiyarta gajeriya ce ƙwarai. Zakaranta ba shi da ƙaimi, saɓanin makwarwar da muka sani, amma faratanta dogaye ne miƙaƙƙu, waɗanda suka dace da tonon ganyen da ya taru a ƙasan daji. A can take samun abincinta: 'ya'yan itace da suka zubo, iri, gara, tsutsa, ƙwari da ƙananan dodon-koɗi. Da dare takan hau reshe ta kwana, abin da ya sa Brian Hodgson, Baturen Ingila da ya yi zama a Nepal, ya raɗa mata suna Arborophila a 1837, wato mai son bishiya.

Ganinta yana da wuya, jin ta ne mai sauƙi. Namiji da mace sukan yi kuka tare, ɗaya na bayarwa ɗaya na amshi, da wani irin fito mai tafiya nesa da asuba da kuma yamma. Takan yi sheƙa a ƙasa, a nau'o'i da dama mai rufi kamar ɗan bukka da ƙofa a gefe, ta saka fararen ƙwai uku zuwa biyar.

Inda nau'i biyu ko uku suka haɗu a tsauni ɗaya, sukan raba shi hawa-hawa. A gabashin Himalaya mai farin kunci tana ƙasa-ƙasa, mai jan maƙogwaro tana tsakiya, ita kuma Arborophila torqueola tana sama, galibi daga mita 1,500 zuwa 2,700.

## Dangi, gida da nau'i

Kalmomi uku ake bukata don bin wannan magana. Dangi shi ne babban rukuni. Makwarwar tudu tana cikin dangin Phasianidae tare da kaza, dawisu, talotalo, salwa da makwarwa. Gida shi ne rukunin da ke ƙarƙashin dangi, shi ne kalmar farko a sunan kimiyya, a nan Arborophila. Nau'i shi ne kalma ta biyu, kamar torqueola ko rufipectus. Ƙarƙashin nau'i akwai reshe, wato jama'ar wani yanki da ta ɗan bambanta a launi ko girma amma ba a ɗauke ta nau'i mai zaman kansa ba. Kusan duk gardamar tana kan iyakar da ke tsakanin reshe da nau'i.

Mai karatu zai iya zaton kazar dutse da ake gani a duwatsun Arewa ita ce 'yar'uwar wannan tsuntsuwa, tunda suna ya yi kama, hali ma ya yi kama. Binciken ƙwayoyin gado ya nuna akasin haka. Kazar dutse, Ptilopachus petrosus, ba ma a dangin Phasianidae take ba. Danginta su ne salwar nahiyar Amurka. Makwarwar gonakinmu mai ƙaimi biyu, Pternistis bicalcaratus, tana cikin dangin, amma a wani ɓangare mai nisa, kusa da salwa. Makwarwar tudu kuwa tana cikin wani tsohon ɓangare da ake kira Rollulinae, wanda ya rabu da sauran dangin tun kafin kaza da dawisu da salwa su rarrabu a tsakaninsu.

Sai dai tana da 'yar'uwa ta jini a Afirka. A 1991 wasu masu bincike daga Denmark suna zango a tsaunukan Udzungwa na Tanzaniya suka ga wasu ƙafafun tsuntsu da ba su gane ba a cikin tukunyar abincinsu. Da aka bi sawu aka samu tsuntsuwar da ilimi bai san da ita ba, aka raɗa mata suna Xenoperdix udzungwensis a 1994. Bincike ya nuna makusantanta suna Asiya, a cikin Rollulinae, alhali makwaren da ke kewaye da ita a Tanzaniya baƙi ne a wurinta.

## Dalilin da lissafi ke saɓawa

Abu na farko shi ne fitar da wasu daga gidan baki ɗaya. Shekaru da yawa ana lissafa mai korayen ƙafafu, chloropus, da mai jan abin wuya, charltonii, a cikin Arborophila. Tun a ƙarni na 19 masana suka lura da bambanci: 'yan gidan na asali suna da jerin ƙananan ƙasusuwa a saman ido, waɗannan biyun ba su da shi, kuma suna da wani tattausan farin gashi a ƙarƙashin fiffike. Edward Blyth, masanin dabbobi ɗan Ingila, ya ba su gida nasu, Tropicoperdix, a 1859, daga baya aka haɗe su da sauran. A 2015 binciken ƙwayoyin gado ya tabbatar da cewa kamannin na waje ne kawai, sun fi kusa da ɓangaren kaza da dawisu, aka mayar da su tsohon gidansu. Wannan kaɗai ya rage lissafin, kuma shi ne babban abin da ya raba tsofaffin littattafai da sababbi.

Na biyu shi ne rabawa da haɗewa a cikin gidan. Misali mafi bayyana yana Indonesiya da Malesiya. An daɗe ana ɗaukar jama'a huɗu a matsayin nau'i guda mai suna orientalis: ta gabashin Java, da biyu a Sumatra, da ɗaya a tuddan zirin Malesiya. Yanzu an raba su huɗu: orientalis, sumatrana, rolli da campbelli. A iyakar Tailan da Kambodiya kuma akwai diversa, wadda kundin IOC ya ɗauka nau'i, BirdLife ta bar ta a matsayin reshen cambodiana ta tsaunukan Cardamom. Ita ce bambancin da ke tsakanin 18 da 19.

Me ya sa masana masu duba fata ɗaya da faifan kuka ɗaya suke saɓawa? Tsohuwar ƙa'ida ta ce nau'i biyu su ne waɗanda ba sa barbara da juna ko sun haɗu. Ƙa'idar tana aiki inda tsuntsayen ke zaune wuri ɗaya. Amma makwarwar tudu ba ta tashi mai nisa, ba ta ƙetare teku, ba ta ratsa fili marar bishiya. Ta Java ba za ta taɓa haɗuwa da ta Sumatra ba balle a ga ko za su yi barbara. Dole a yi kirdado.

Hanyoyin kirdadon biyu ne suka yi fice. BirdLife ta yi aiki da tsarin maki da masanin tsuntsaye Joseph Tobias da abokan aikinsa suka wallafa a 2010. Ana ba kowane bambanci maki daga 1 zuwa 4 gwargwadon girmansa, a launin gashi, awon jiki, kuka da yanayin zama; in jimla ta kai 7, an samu nau'i. Amfaninsa shi ne kowa zai iya bin lissafin ya ga inda aka samo hukuncin, kuma ana iya yinsa da fatun da ke ajiye a gidajen adana kayan tarihi. Masu suka sun ce bayar da makin kansa ra'ayi ne, kuma tsarin bai ba ƙwayoyin gado gurbi ba. Ɗaya ɓangaren ya fi dogara da ƙwayoyin gado, wato tsawon lokacin da jama'a biyu suka yi a rabe. Rauninsa shi ne babu wani adadin bambanci da aka yi ittifaƙi cewa daga nan nau'i ya fara, kuma samfurin wasu nau'o'in kaɗan ne, wani lokaci tsohuwar fata ce da ta shekara ɗari a akwati. Kwamitin AviList yana auna hujjojin duka biyu ya kaɗa ƙuri'a. Wannan zai kawar da bambancin alƙaluma, amma hukuncin yana nan a matsayin hukuncin mutane, mai iya sauyawa in sabuwar hujja ta zo.

Suna ma kan yi ɓatan kai. Mai farin abin wuya ta kudu maso gabashin Sin sunanta gingica, daga garin Gingee na kudancin Indiya, inda ba a taɓa samunta ba. Kuskure ne na ƙarni na 18, kuma ƙa'idar raɗin suna ba ta yarda a canza shi don wannan dalili ba.

## Ma'aunin haɗari

IUCN, ƙungiyar kare halittu ta duniya, ita ce ke riƙe da kundin halittun da ke fuskantar barazana, BirdLife kuma ita ke tantance mata tsuntsaye. Matakan da suka shafe mu biyar ne: wadda ba a damu da ita ba, wadda ta kusa shiga haɗari, mai rauni, wadda ke cikin haɗari, da wadda ke bakin ƙarewa. Ukun ƙarshe kowanne yana da awo, ga alƙaluman bi da bi daga mai rauni zuwa wadda ke bakin ƙarewa:

Ta fuskar raguwa, in adadi ya faɗi da kashi 30, 50 ko 80 cikin ɗari a shekara goma ko zuriya uku, duk wanda ya fi tsawo. Ta fuskar faɗin mazauni, in bai kai murabba'in kilomita 20,000, 5,000 ko 100 ba, tare da sharaɗin cewa biyu cikin abubuwa uku sun tabbata: yana raguwa, ya tsattsage, ko yana hawa da sauka sosai. Ta fuskar yawan manya masu haihuwa, in ba su kai 10,000, 2,500 ko 250 ba kuma suna raguwa.

Duk waɗannan awo a kan nau'i ake yinsu, kuma nan ne rabe-raben suna ke shiga aljihun mutane. Lokacin da orientalis take ɗauke da jama'a huɗu, mazauninta ya shimfiɗu daga Malesiya zuwa Java, babu awon da ya kama ta. Da aka raba, ta gabashin Java ta tsaya ita kaɗai a tuddan Ijen da Iyang, inda gonakin kofi suka ci gefen daji, sai ta faɗa jerin masu rauni. Ko tsuntsuwa ɗaya ba ta mutu ba ranar da aka yi wannan sauyi. Akasin haka ya faru da merlini ta tsakiyar Biyetnam: tana nau'i an sa ta cikin masu haɗari, da aka mayar da ita reshen chloropus sai sunanta ya fita daga kundin, dajinta kuwa bai ƙaru da taƙi ɗaya ba.

Akwai kuma sauyin da ƙarin sani ke kawowa. Mai ruwan-lemon wuya, davidi, an bayyana ta a 1927 daga kudancin Biyetnam, daga nan ba a sake tabbatar da ganinta ba sai 1991 a gandun dajin Cat Tien. Aka sa ta a bakin ƙarewa. Da masu bincike suka koyi kukanta suka fara saurare da kyau, sai aka same ta a wurare da dama har cikin lardin Mondulkiri na Kambodiya, kuma aka ga tana jure dajin gora da dajin da aka taɓa sara. Aka sauko da ita har zuwa matakin wadda ta kusa shiga haɗari. Yawanta bai ƙaru ba a wannan tsakanin. Gonakin kashu da roba ma ci gaba suka yi da cin tuddanta.

## Inda abu ya canza a ƙasa: Sichuan

Makwarwar Sichuan, rufipectus, ita ce aka fi nazarta. An bayyana ta a 1932, tana zaune a wani ɗan yanki na kudancin lardin Sichuan da gefen Yunnan, tsakanin mita 1,100 da 2,250. Ƙiyasin da aka daɗe ana aiki da shi bai kai manya 2,500 ba. A shekarun 1990 kusan duk dajinta yana hannun kamfanonin katako na gwamnati, ana sare shi ƙurmus.

Abin da ya tsayar da saran bai shafi tsuntsu ba. Ambaliyar kogin Yangtze ta 1998 ta kashe fiye da mutum 3,000, hukumomi suka ɗora wani ɓangare na laifin a kan sare dazuzzukan saman kogin, aka hana saran dajin asali a Sichuan daga watan Satumba na shekarar. Bayan haka aka kafa gandaye irin su Laojunshan a gundumar Pingshan. Wannan shi ne sauyi na haƙiƙa, wanda aka iya gani da ido.

Nazarin da aka yi a can ya fito da abin da tsuntsuwar ke bukata dalla-dalla: bishiyoyi masu faɗin ganye da suka rufe sama, ƙasa mai kaurin ruɓaɓɓen ganye, gangare marar tsanani, da gora wadda ba ta yi cunkoso ba. Nan ne dashen bishiya ke kuskurewa. In aka maye dajin da aka sare da layin bishiyoyin katako masu ganye kamar allura, daga sama za a ga kore, alƙaluman faɗin daji su tashi, amma ƙasan ba ta tara irin ganyen da ƙwari ke rayuwa a ciki, makwarwar kuma ba ta zama. Dajin da aka dasa da bishiyoyin asali masu faɗin ganye kuwa takan koma cikinsa bayan ya girma.

Kwancinta ma na daban ne. Macen takan bar ƙwai da safe ta yi kamar awa huɗu da rabi a waje, ƙwan ya huce sosai a sanyin tsauni amma ɗan cikinsa bai mutu ba. Kuɗin da ake biya shi ne tsawon kwanci, kusan kwana 29 maimakon kusan 24 na torqueola. Kowane ƙarin yini ƙarin dama ce ga maciji da sauran masu cin ƙwai, da kuma ƙafar mutum.

## Tarko

A Biyetnam da Laos da Kambodiya daji na iya kasancewa a tsaye amma babu komai a ƙasansa. Mai tarko yakan jera shingen rassa mai tsawo a gangaren tudu, ya bar ƙofofi nan da can, a kowace ƙofa ya ɗana zarge na wayar birkin babur ko igiyar leda. Duk abin da ke tafiya a ƙasa yana bin shingen har ya shiga ƙofa. Wayar ba ta da tsada, mutum ɗaya na iya ɗana ɗaruruwa, kuma wanda aka manta da shi yana ci gaba da kamu. Wani rahoton 2020 na WWF, ƙungiyar kare namun daji ta duniya, ya ƙiyasta tarko miliyan 12.3 a cikin gandayen waɗannan ƙasashe uku.

Masu gadin daji suna cire su da hannu, amma an ga cewa cirewa kaɗai ba ta wadatar ba, domin ɗanawa ta fi cirewa sauƙi da arha. Ɓangare ɗaya na masu kare daji na neman a tsananta doka har mallakar wayar tarko a cikin gandu ta zama laifi. Wani ɓangaren na cewa yawancin naman gidajen cin abinci na birane yake tafiya, don haka kama talakan ƙauye ba zai rufe kasuwar ba. Sin ta bi ta ɓangaren kasuwa a watan Fabrairun 2020, inda ta haramta cin naman dabbobin daji masu rayuwa a doron ƙasa bayan ɓullar korona.

Ƙidayar kanta tana da nata tarkon. Tunda da kunne ake yi, mai bincike yakan tsaya a wurare da aka tsara da asuba ya rubuta kukan da ya ji. In ya kunna faifan kuka don su amsa, tsuntsayen kan matso kusa da shi, lissafin yawansu a kowane murabba'in kilomita ya kumbura. In kuma aka ɗauki adadin daji mai kyau aka ninka da faɗin duk dajin da tauraron ɗan'adam ya nuna, an lissafa har da wuraren da tarko ya riga ya share. Kyamarorin da ake ɗaurewa a gindin bishiya da na'urorin naɗar sauti sun rage wannan matsala, ba su kawar da ita ba.

## Abin da ya shafi mutanen da ke gefen dajin

Doka da kuɗi suna bin suna. Makwarwar Sichuan da ta Hainan suna matakin farko na kariya a dokar Sin, kuma kama irinsu na iya kai mutum kurkuku. Manomin da ya kama reshe da wanda ya kama nau'i mai suna a jerin doka ba hukuncinsu ɗaya ba, ko da tsuntsayen sun yi kama a idonsa. Masu ba da tallafi su ma sun fi sakin kuɗi ga nau'in da ke cikin kundin haɗari, don haka saukar da nau'i daga mataki na iya nufin ƙarshen albashin masu gadin da aka ɗauka daga ƙauye.

A kudancin Sichuan, inda al'ummar Yi suke da yawa, tsinkar tohon gora babbar hanyar samun kuɗi ce, kuma lokacinta yana cin karo da lokacin kwanci. Hana shiga dajin gaba ɗaya yana yanke wa iyali kuɗin shiga, barinsa a buɗe kuma yana sa a tattake sheƙa. Abin da gandaye suka gwada shi ne ƙayyade lokaci da wurin tsinka, tare da raba murhu mai cin itace kaɗan da koyar da kiwon zuma. Gidan ajiye namun daji na Chester da ke Ingila na cikin waɗanda suka tallafa wa wannan aiki. A Hainan an bi hanya mai tsauri: wajen kafa gandun ƙasa na dajin tsibirin, wanda aka ayyana a watan Oktoban 2021, an tashi wasu ƙauyuka daga tsakiyar dajin aka sake musu matsuguni. Biyetnam kuma tun 2010 take da tsarin da kamfanonin wutar lantarki da na ruwa ke biyan kuɗi a raba wa masu kula da daji, sai dai awon da ake biya a kai shi ne bishiya na tsaye, ba a tambayar ko akwai tarko a ƙarƙashinta.

Wata sabuwar sana'a ta ɓullo a ƙauyen Baihualing na Yunnan da kewayen gandun Kaeng Krachan a Tailan. Mutanen gari, wasunsu tsofaffin maharba, sukan gina rumfar ɓuya kusa da ɗan kududdufi, su zuba tsaba, masu ɗaukar hoto su biya kuɗin kujera na yini. Makwarwar tudu na cikin tsuntsayen da ake zuwa dominsu, saboda da wuya a gan ta ta wata hanya. Mai rumfa yana da dalilin hana maƙwabcinsa ɗana tarko a wannan gangare. Masu nazari na nuna damuwa cewa tara tsuntsaye a wuri guda kullum yana sauƙaƙa yaɗuwar cuta, yana kuma koya wa masu farautarsu inda za su jira, sannan kuɗin yana tsayawa ne a 'yan ƙauyukan da mota ke iya kaiwa.